Mijin ɗaliba ya nemi in nuna masa abin da matarsa ke ara a laburare

Ɗan Kanta ya rubuta:

Assalamu alaikum. Iyayenmu da yayyenmu a wannan aiki, shawara nake nema, kuma da ɗan gaggawa, don mutumin ya ce zai dawo.

Ina aiki a laburaren wata kwalejin ilimi a nan arewa. Ni ne a kantar aron littattafai, difloma gare ni, ban daɗe da kama aikin ba. Har yanzu da kati muke aiki: kowane littafi da aljihunsa a bangon baya, da kati a ciki, ɗalibi ya rubuta sunansa da lambarsa, mu buga masa hatimin ranar dawowa, katin ya zauna a wurinmu. A bakin ƙofa kuma akwai babbar rajista, duk wanda ya shigo ya sa suna da sashe da lokacin shiga. An kawo kwamfutoci an sa mana Koha, manhajar tafiyar da aikin laburare, amma rabin littattafan ba a shigar ba tukuna.

Ranar Talata bayan azahar wani magidanci ya shigo. Ya girme ni nesa ba kusa ba, kuma ya san mahaifina, layinsu ɗaya a kasuwa. Na rusuna muka gaisa, ya tambayi mutanen gida. Sannan ya ce matarsa ɗaliba ce a nan, abu biyu yake so. Na farko in buɗe masa rajistar ƙofa ta wannan wata, ya ga ko ranakun da take cewa ta tsaya karatu da gaske tana nan. Na biyu in faɗa masa littattafan da ta ara, domin ya ga wani littafi a jakarta, hankalinsa bai kwanta da shi ba.

Na san matar, na kuma san abin da ta ara, ni na buga mata hatimi. Ko a nan ba zan faɗa ba.

Na ce masa, Baba a yi haƙuri, wannan ya fi ƙarfina, sai na ji daga na sama da ni. Shugaban laburare ya yi tafiya. Wanda ke riƙe da wurin ya ce da ni, ai mijinta ne, shi ke biyan kuɗin makaranta, in buɗe masa ya duba ya tafi kada a ja mana magana. Ban buɗe ba, na ce wa mutumin ya dawo mako mai zuwa.

Ga abin da ya hana ni barci. A makaranta an koya mana cewa abin da mai karatu ya ara sirrinsa ne. Amma idan na hana shi, maganar za ta kai kunnen mahaifina cewa ɗansa ya wulaƙanta babba. Wannan ma da sauƙi. Abin da na fi tsoro shi ne ya ɗauki hanin nan a matsayin shaida cewa akwai abin da ake ɓoyewa, ya cire ta daga makaranta, ga shi saura mata shekara guda. Idan kuma na nuna, rajistar ba ta faɗin gaskiya duka: ranar da aka yi cunkoso ɗalibai da yawa wucewa suke yi ba su sa hannu ba. Za ta iya kasancewa a ciki tun safe sunanta babu. Ina mafita?

Baban Khalifa ya rubuta:

Wa alaikumus salam. Ƙanena, ni ba ma'aikacin laburare ba ne, malami ne a wata kwaleji, amma ina da mata da 'ya'ya mata a makarantu, don haka bari in faɗi ta ɓangaren mutumin.

Mu riƙa lura da inda muke. Mazan da suka bar matansu suka ci gaba da karatu bayan aure, da yawansu sai da suka yi faɗa da danginsu kafin a kai ga haka. Irin wannan mutum idan ya zo makaranta da tambaya aka rufe masa ƙofa, ba shi kaɗai aka kora ba. Zai je majalisa ya ba da labari, maza biyar masu shawarar barin matansu su ji su fasa. Wannan ƙa'ida ta sirrin mai karatu a ƙasashen da kowa gashin kansa yake ci aka rubuta ta. A wurinmu miji majiɓinci ne, Allah zai tambaye shi.

Littattafan kam ban ce ka lissafa masa ba. Amma rajistar ƙofa fa? A fili take a kan tebur, kowane ɗalibi na ganinta. Mene ne sirri a abin da mutum ɗari suka gani yau? Ka zaunar da shi, ka yi masa bayanin cewa ba kowa ke sa hannu ba, ka bar shi ya duba. Wataƙila sunanta na nan a yawancin ranakun, ka ga ka kashe wuta ka tsare mata karatunta.

Hajiya Mai Ritaya ta rubuta:

Ɗana, kada ka buɗe. Ba rajistar ba, ba katin ba. Kuma kada ka yi masa ƙarya ko da don ka kare ta ne. Kada ka ce kullum tana nan, kada ka ce ba ka san ta ba. Magana guda za ka riƙe, cikin ladabi: laburare ba ya faɗa wa kowa abin da wani ya karanta ko lokacin da ya zo, kuma da shi ne ya ara, matarsa ko ubangidansa ya zo tambaya, amsar da za a ba su ke nan. Wannan na ƙarshen kada ka manta da shi, domin shi ne zai nuna masa ba don matarsa aka ƙirƙiro dokar ba.

Malam Baban Khalifa, maganarka ta mazan da ke barin matansu karatu gaskiya ce, na gan ta da idona. Inda muka rabu shi ne cewar da ka yi ƙa'idar sirrin nan ta wasu ƙasashe ce. Aya ta 12 a Suratul Hujurat ta hana bin diddigin asirin juna. A cikin Sahihu Muslim akwai hadisin Jabir, cewa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya hana mutum ya faɗo wa iyalinsa da dare yana zarginsu ko yana neman kama su da laifi. To idan mijin da kansa an ja masa kunne, yaya yaron da aka ɗauka aikin kanta zai zama idonsa? Haƙƙin miji yana nan ba wanda ya taɓa shi. A gida zai nema, daga bakin matarsa, in ta ƙi akwai waliyyanta. Kuma rajistar nan ba sunanta kaɗai ke ciki ba. Shafin da za a buɗe masa yana ɗauke da sunayen matan wasu da 'ya'yan wasu da lokacin shigarsu.

Na yi aiki a laburaren jama'a, na yi a na jami'a, har na ajiye. Bari in gaya maka abin da kanta ta koya mini. Mace za ta tsaya can gefe tana jujjuya jaka har layi ya watse, sannan ta miƙo littafi a kife. Littafin rashin haihuwa ne, ko na yoyon fitsari, ko na sikila ana saura wata biyu bikinta, ko na hukuncin khul'i da idda, ko na rabon gado bayan rasuwar uba. Maza ma haka suke. A shekarun 1990, lokacin da ko sunan ƙanjamau ba a son ambata, na ga manyan mutane suna zaune a lungu da littafinta an rufe bangon da jarida. Wani don jarrabawa ya ɗauka, wani don ƙanwarsa, wani don kansa. Kai da ke buga hatimi ba ka san wanne ba ne, katin ma bai sani ba. Ɗalibar sashen addinin Musulunci dole ta karanta babin saki, ta sashen kiwon lafiya dole ta karanta cututtukan da ake ɗauka ta jima'i. Amma mijin da ya shigo da zargi, da zarginsa zai karanta sunan littafin.

Sannan ka duba abin da zai biyo baya. Ranar da labari ya shiga ɗakin kwanan ɗalibai mata cewa laburare na nuna wa mazaje kati, ba wadda za ta kai ƙara. Shiru za ka ji. Za su daina ara kawai, su koma tambayar ƙawa da sauraron masu tallan magani a waya, littattafan da aka kashe kuɗi aka saya su yi ƙura. Unguwarzoma tana ganin abin da uwar miji ba ta gani ba, kuma ranar da ta fara ba da labari, ranar aka daina aika mata yaro.

Waɗanda suka riga mu sun biya wannan da tsada. A Amurka, a 1972, an ɗaure wata ma'aikaciyar laburare mai suna Zoia Horn kwana 20 saboda ta ƙi ba da shaida a shari'ar wasu masu adawa da yaƙin Biyetnam. A 2005 hukumar binciken laifuka ta ƙasar, FBI, ta aika wa wata haɗakar laburarori a jihar Konetikat takardar neman bayanan masu amfani da kwamfuta, ba tare da umarnin alƙali ba, ta kuma hana su faɗa wa kowa. Mutum huɗu daga cikinsu suka tafi kotu, sai a 2006 aka sake musu baki, hukumar ta janye. Ƙungiyar laburarori ta duniya, IFLA, a ƙa'idojin aikin da ta fitar a 2012, ta ware sashe guda a kan wannan, ta ce abin da ke tsakanin laburare da mai karatu amana ce.

Sai dai akwai maganar da ban taɓa jin an yi a taronmu ba, kuma ita ta fi damuna. A ƙasar nan ba jami'an tsaro ne suka fi fasa asirin masu karatu ba. Mu ne. Ma'aikaci ya zauna a gindin bishiya lokacin hutu yana cewa kun san abin da wance ta ara yau? Rajista a baje a ƙofa, wasu wuraren har da lambar waya, samari na kwafar lambobin 'yan mata. Katin bayan littafi kuwa, duk wanda ya ɗauko ya zaro shi zai ga jerin sunayen waɗanda suka riga shi tun shekaru goma. Malam Baban Khalifa ya ce ai rajistar a fili take. Haka ne, kuma wannan sakacinmu ne da ya kamata a gyara, ba hujjar ƙara buɗewa ba.

Mu a zamaninmu tsarin Browne muka yi amfani da shi. Mai karatu yana da tikiti mai kamar ɗan aljihu, idan ya ara sai a zaro katin littafin a soka a tikitinsa a jera a akwati bisa ranar dawowa. Ya dawo da littafi, kati ya koma aljihun littafi, tikiti ya koma hannunsa, ba sauran alama. Ko gwamna ya zo ba abin da za a nuna masa. Ku da kuke da katin sa hannu, ku daina sa suna, lamba ta isa, kuma littafi na dawowa a shafe lambar da baƙin alƙalami. Koha ɗin da aka kawo muku tana da wurin da ake saitawa ta goge sunan mai aro bayan littafi ya dawo. Ka tambayi wanda ya sa muku ita ko ya kunna.

Batun mahaifinka, kai ka riga kai masa labari yau da dare, ba tare da ka faɗi komai game da matar ba. Ka ce masa amana aka ba ka. Ɗan kasuwa ya san littafin bashi ba a buɗe wa maƙwabci.

Mai Koyon Lauya ya rubuta:

Hajiya ta gama magana, Allah ya ƙara lafiya. Zan ƙara ta fuskar doka ne kawai, don ɗan'uwana ya san ba a kan iska yake tsaye ba idan ogansa ya matsa.

Sashe na 37 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba kowane ɗan ƙasa kariyar sirrinsa. Matar aure 'yar ƙasa ce baliga, ba a cire ta ba. Dokar 'yancin samun bayanai ta 2011, wadda aka yi musamman don a tilasta wa ma'aikatun gwamnati buɗe takardunsu, ita kanta a sashe na 19 ta ambaci bayanan aron littattafai da duk takardar da ke haɗa sunan mai karatu da abin da ya karanta, ta ba ma'aikata damar hana su. Ka ga majalisa ta san da zaman katinka. Sai dokar kare bayanan mutane ta 2023, wadda ta kafa hukumar kare bayanai ta ƙasa, NDPC. Ginshiƙinta shi ne, bayanin da aka karɓa don wata manufa ba a karkatar da shi zuwa wata sai da yardar mai shi ko wani dalili da doka ta sani. Kun karɓi sunanta don ku san inda littafinku yake. Biyan kuɗin makaranta ba ya cikin dalilan da ke ba wani mutum ikon dubawa.

Abin da zan yi da ni ne kai: in ce wa mai riƙon, ranka ya daɗe, a ba ni umarnin a rubuce da sa hannu, ko a jira shugaba ya dawo. Da wuya ya rubuta. Idan yana da rajista da LRCN, hukumar da dokar 1995 ta kafa don yi wa ma'aikatan laburare rajista, ya san tana da ƙa'idojin aiki da hurumin ladabtarwa.

Ba kuma cewa ake ba a taɓa buɗewa ba. Idan kotu ta ba da umarni, a bi, amma ta hannun shugaban laburare da lauyan kwaleji, kuma abin da umarnin ya ambata kaɗai za a bayar. Idan jami'i ya zo da katin shaida da baki kawai, a karɓe shi da mutunci a tura shi ofishin shugaba. Idan rai ne ke cikin haɗari, misali ɗaliba ta ɓata tun jiya ana neman inda aka gan ta na ƙarshe, wannan daban ne, a duba rajista nan take tare da jami'an tsaron makaranta da ofishin kula da ɗalibai. Mutumin da ya zo wurinka ya san inda matarsa take, a gidansa ta kwana.

Ɗan Kanta ya rubuta:

Na gode ƙwarai, Hajiya, Allah ya saka da alheri. Na gode Malam, na gode ɗan'uwa. Na yi wa mahaifina bayani, bai ce komai ba sai Allah ya taimaka.

Saura abu ɗaya. Ita matar ba ta san mijinta ya zo ba. Jiya ta shigo ta zauna inda ta saba. In gaya mata? Idan na yi shiru ina ganin kamar na bar ta a duhu a kan abin da ya shafi aurenta. Idan kuma na kira ta gefe, ni namiji, saurayi, aka gan mu, na ƙara wa zargin itace.

Malama 'Yar Sakandare ta rubuta:

Ƙanena, kada kai ka gaya mata. Amma ya kamata ta sani. Ba ku da babbar mace a laburaren, ko a ofishin kula da ɗalibai? Ita za ta kira ta ofis ta ce mata maigidanki ya zo ya nemi kaza, ba a ba shi ba, kuma ba za a ba shi ba. Ba tambaya, ba nasiha, ba a ce me ya haɗa ku. Sannan a sanar da ita cewa bayanin nata ne. Idan ta ga dama ta nemi a rubuta mata jerin abin da ke hannunta na aro ta kai masa da kanta, ko ta zo da shi su tsaya tare a kanta. Wannan hanyar za ka iya faɗa wa shi mijin ma idan ya dawo: Baba, ita ke da ikon nema, ku zo tare. Ka ga ba ka kore shi hannu rabbana ba, wanda shi ne tsoron Malam Baban Khalifa. In kuma ta ce ba ta so, ta fi mu sanin gidanta.

Ni a makarantar kwana ta 'yan mata nake, kuma mu namu ya fi naku sarƙaƙiya, domin yara ne ƙanana, iyaye da shugabar makaranta suna da haƙƙin da mijin baliga ba shi da shi a wurinku. Uwa ta zo da damuwa a kan 'yarta mai shekara 13, ba zan karanta mata sashen doka ba, zama za mu yi mu yi magana, yawanci har da yarinyar. Inda na tsaya na ƙi shi ne lokacin da aka ce in rubuto sunayen duk ɗaliban da suka ari littattafan Hausa na hikaya don a hukunta su. Masu shekaruna sun tuna 2007, da hukumar A Daidaita Sahu ta ƙona irin waɗannan littattafai a Kano, kuma har yau akwai malaman da ganin littafin a hannun yarinya ya ishe su hukunci. Na ce da su, duk littafin da ke kan kantarmu kwamitin makaranta ne ya amince aka saya. Idan akwai wanda bai dace da shekarunsu ba, a kawo sunansa, mu zauna mu karanta, mu cire shi in ya kama. Amma mu ajiye littafi da hannunmu, mu buga wa yarinya hatimi, sannan mu miƙa sunanta a yi mata bulala, wannan tarko ne muka ɗana mata.

Hajiya, ina da tambaya a kan rajistar ƙofa. Na so in cire ta gaba ɗaya, aka ce masu duba makarantu suna neman ta, su ma na kwaleji na ji suna cewa saboda tantancewar NCCE, hukumar kula da kwalejojin ilimi, suke ajiyewa. A fahimtata adadin masu shigowa ake bukata, ba sunayensu ba. Akwai wanda ya koma ƙirga kawai, mai gadin ƙofa ya riƙa ja layi a takarda, maza daban mata daban, safe da yamma, kuma masu duban suka karɓa? Idan akwai, don Allah a turo mini yadda aka tsara takardar in kai wa shugabarmu kafin a dawo hutu.